Injin da Ke Hutun Alhamis

A unguwar Yaba da ke Legas, inda kowane bene ke da samarin da suka rantse za su gyara duniya da wayar hannu, magana ta bazu cewa Madam Ibironke Salako ta saci ƙwaƙwalwar kamfanin Ejami. Masu faɗa ba su ga komai ba. Hujjarsu kawai ita ce, kowa ya san masu zuba jari ɓarayin dabara ne. Insifekta Abike Oyewole kuwa ta daɗe a aiki har ta daina yarda da duk maganar da aka fara da "kowa ya san".

Madam Salako da gyaran kwamfuta ta fara, ta kafa kamfanin aika kuɗi ta waya, ta sayar, sannan ta koma tallafa wa matasa tun kamfaninsu bai wuce tebur ɗaya ba. Sunanta ne jarinta. Yanzu matasa sun fara janye jiki, ƙungiyar masu zuba jari kuma ta sa ranar zama don a kore ta.

Wanda ya kai ƙara shi ne Tomiwa Fagbenro, mai kamfanin Ejami da Madam ta zuba wa jari. Manhajarsa ta masu kiwon tarwaɗa ce: ka ɗauki hoton kifinka mara lafiya ka tura, ƙirƙirarriyar basira ta gaya maka cutar da maganinta. Ya ce injin da ke wannan tunani, wani baƙin akwatin ƙarfe, ya ɓace daga ofis a safiyar da injiniyan Madam zai zo ya duba cikinsa, kuma Madam na da mabuɗi.

"A nan yake, Ma," in ji shi, yana nuna wani lungu. "Dare da rana yana aiki."

Insifekta ta durƙusa, gwiwarta na ƙara. Soket ɗin lantarki ɗaya ne a lungun, gizo-gizo ya yi masa saƙa har da ƙudan da ya bushe a ciki. Ta miƙe ta dube shi.

"To yanzu manhajar ta mutu ke nan?"

Ya ce a'a, akwai ƙaramin kwafi a yanar gizo da ke riƙe da manoma kafin a gano ɓarauniya. Ta lura da cewa ɓarauniya ya ce, ba ɓarawo ba.

Ta sami Madam Salako a ofishinta tana cin gasasshiyar ayaba da gyaɗa. Matar ba ta musa zancen mabuɗi ba. Ta ce tun farko yaron ta saya, ba injin ba, don haka ake yi a wannan sana'a: kana ba da kuɗi ne saboda idon mutum. Sai da manyan masu jari daga waje suka nuna sha'awa ta ce a buɗe a gani, don ba za ta kai su inda ita ba ta leƙa ba.

"Da kika ce a buɗe, me ya ce?"

"Ya ce, Mama, ba ki yarda da ɗanki ba? Na ce ɗana na cikina ma ina duba aljihunsa."

Saura Ebele Okwuosa, mai kula da ƙorafin manoma a Ejami. Da farko ta ce manhajar ba ta taɓa samun matsala ba. Insifekta ta zuba mata ido kawai, har ta gyara zama ta ce, to, ban da safiyar Alhamis. Duk ranar hoto sai ya yi ta jira har hantsi, manoma na zaginta. Oga Tomiwa ya ce lokacin ne injin ke sabunta kansa. Ta ƙara da cewa oga ba ya cin abinci a ofis. Kullum da rana yakan sayi tuwon amala ƙunshi-ƙunshi ya fita da shi.

Duk matar da ta taɓa zuwa cefane a Legas ta san abin da ke kulle da safiyar Alhamis. Kasuwa ce, saboda sharar mako.

Ranar Alhamis da safe Insifekta ta tura wa manhajar hoton tarwaɗar da ta saya za ta yi farfesu. Shiru. Sai da aka buɗe kasuwanni amsa ta zo: kifin nan ai ya mutu, Allah ya mayar da alheri.

Da rana ta bi Tomiwa da ledar amalarsa, ita da kofur ɗinta, har saman wani shago a kasuwar kifi. Tsofaffi uku ne a ciki, malaman kiwon kifi da suka yi ritaya, kowa da tabarau da waya, suna gardama a kan wani hoto. Fankarsu na ɗore a kan baƙin akwatin ƙarfe. Kofur ya ɗaga shi da hannu ɗaya. Ba komai a ciki.

Ɗaya daga cikin tsofaffin ya tambaya ko ita ce mai mataccen kifi. Su dai an ce musu aikin ba da shawara ne, ba su taɓa jin zancen wani inji ba.

Tomiwa ya ajiye ledar a hankali.

"Kowa haka yake farawa, Ma. Mutane ke amsawa kafin inji ya koya. Nawa ne bai koya ba."

"Ita Madam fa?"

Ya sunkuyar da kai. Ya ce da injiniyan ya buɗe akwatin, shi ke nan tasa ta ƙare. Ya san in ya ce mai jari ta yi sata, babu wanda zai tambaye shi hujja.

Kofur ya sa masa ankwa, suka sauka ta cikin masu sayar da kifi. Insifekta ta tsaya a kan matakala ta kira shugaban ƙungiyar masu zuba jari.

"Ba a saci komai ba," in ji ta. "Babu inji tun farko. Tsofaffi uku ne ke duba kifin, akwatin kuma Tomiwa ne ya ɗauke abinsa."