Malam Ƙememe Na Cikin Rijiya

"Uzairu, duk faɗin kasuwar Rano ka rasa wanda za ka zana sai mahaifina?"

Afra'u ce ta faɗi haka a zauren gidan gwaggonta, inda take zaune tun tana ƙarama. Ido jawur ta miƙa masa wani ɗan tsohon littafi. Aikin hannunsa ne, labari cikin zane mai suna Malam Ƙememe: wani tsoho marowaci mai gemu tsini, hula a karkace, da tabo a gira.

"Mahaifinki kuma? Wani dattijo ne na gani yana cinikin akuya, fuskarsa ta yi min, na zana..."

"Dattijon nan shi ne Malam Mika'ilu na Fassi. Shi ya haife ni."

Uzairu ya dafe kai.

Tun yana yaro yake zane da gawayi a bangon mutane, ya sha duka a kai bai daina ba. Daga nan ya koma rubuta allunan shaguna, har wata maɗaba'a a Kano ta ɗauke shi yana zana mata littattafan ban dariya. Ɗabi'arsa ita ce ya zauna gefen kasuwa da fensir, ya kwashi fuskokin mutane ya zuba a labari. To, ka ji aikin yaran yanzu: a ɗauki fuskar mutum ba a tambayi ko uban waye ba.

"Da aka kai masa sunanka a kan kai ke neman aurena," in ji Afra'u, "sai ya ce, Uzairun mai zane? Ya ce kada wani naka ya taka gidansa sai ka je da ƙafarka. Shi ke nan, masoyina... Baba ba ya magana biyu. In ya ce a'a, ni ba zan saɓa masa ba, ko da zuciyata za ta fashe."

"Share hawayenki, sanyin idona. Ni na ɓata, ni zan je."

Ranar Asabar ya hau babur zuwa Kibiya, ya miƙe Fassi. Afra'u ta riga shi zuwa, ta laɓe bayan ƙyauren zaure, hannunta a ƙirji.

Uzairu ya tuɓe takalmi tun daga waje, ya durƙusa ya gaishe shi. Da ya saci kallo sai ga gemun, ga hular, ga tabon. Ko kwabo bai rage ba.

"Kai ne mai zane?"

"Ni ne, Baba. Na yi kuskure, a yafe min. Ban san..."

"Dakata. Ka mai da ni marowaci, ban damu ba, har a gidan nan ana faɗa. Gemun ma ka fitar da shi da kyau." Ya buɗe shafin ƙarshe ya dangwara masa a gaba. "Wannan mene ne?"

Malam Ƙememe ne ya bi akuyarsa da gudu suka faɗa rijiya tare, ƙafafu a sama. A ƙasa an rubuta a tari littafi na gaba.

"Ina na gaban?"

"Baba, maɗaba'ar ce ta sauya min aiki, sai labarin ya tsaya..."

"Ya tsaya! Kai ka tafi harkarka, ni ka bar ni a rijiya. Shekara da shekaru in na fita masallaci, sai sa'o'ina su ce, Malam, ya ruwa? In na je ɗaurin aure, a ce wa ya jefa maka guga? Har uwar yarinyar nan in ta kawo tuwo cewa take, a zuro maka da igiya ne? Mutumin da ya fara abu ya watsar a tsakiya, shi zan ɗauki 'yata in ba?"

Afra'u ta toshe baki. Ita kanta ba ta san ko kuka take ko dariya ba.

Uzairu ya ƙara sunkuyar da kai. "Gaskiya ce, Baba. In an ba ni dama, zan ƙarasa."

"Ka fito da ni. Da mutuncina, da hulata a kaina. In na gani, ka turo magabatanka."

Da kuɗin aljihunsa Uzairu ya buga littafin. A ciki, 'yar Malam Ƙememe ce ta zura igiya, wani saurayi ya kama mata suka ja tare, duk gari ana tafi. Uzairu ya kai littafin Fassi da kansa.

Malam Mika'ilu ya buɗe shafi bayan shafi, fuska a ɗaure. Can sai gefen bakinsa ya motsa.

"Afra'u, fito daga bayan ƙyauren nan, tun ɗazu nake ganin ƙafarki. Kina son sa?"

Ta rufe fuska da mayafi, hawaye na zuba, ta gyaɗa kai.

"To, na ba shi. Allah Ya yi muku albarka."

Uzairu ya sauke wata doguwar ajiyar zuciya, ya shiga godiya. Yana sa takalmi dattijon ya kira shi.

"Kai, mai zane. Ni na fito. Akuyar fa?"

"Tana... tana ciki, Baba."

"To kafin ranar ɗaurin aure a fito min da ita. Mai ciki ce."