Shafin da Ya Kwana a Cikin Inji

Ƙarfe tara na safe aka kira Sufeto ofishin ƙungiyar ƙwallo. An fasa durowar shugaba, an ɗauke kwantiragin ɗan wasan da suka fi ji da shi, Lamba Tara.

Sufeto bai san ƙwallo ba. A mota ma sai da ya tambayi Kofur ko Lamba Tara sunan ɗaki ne.

Shugaban ya tare su a ƙofa. Shekara ashirin yana aikin lauya kafin masu ƙungiya su ba shi kujerar, har yau Lauya ake ce masa. Ya miƙa wa Sufeto bayaninsa a buge, sakin layi goma sha biyu, kowanne da lambarsa.

"Makullin ofishin nan uku ne. Nawa, na Sakatariya, sai na Baba mai wankin riguna da ke mana shara. Baba za ka kama. Wata ƙungiya ce ta saye shi."

Baba na tsugune a bakin baranda, hannunsa duk kumfa.

"Ranka ya daɗe, ni takarda in ba ta faɗi ƙasa ba, ban san da ita ba. Shekara talatin ina wankin nan. Yau kuma gidan yari?"

Kan Sufeto ya ɗaure. Me wata ƙungiya za ta yi da takardar da ba sunanta?

Ya kira Koci.

"Jiya ka shigo ofis?"

"Ina fili tun safe."

"Wannan usur ɗin da ke kan kujera fa? Shi ma fili ya tafi?"

Koci ya sosa ƙeya. "To, na shigo da la'asar. Na tarar da Lauya yana karanta kwantiragin, gumi na zuba, ga fanka na juyawa. Ya ce in fita."

Sakatariya ta rantse sai biyar ta tashi. Da Kofur ya ɗauko rajistar maigadi, sai ta tuna ashe tun azahar ta kai 'yarta asibiti.

"Don Allah kada Oga ya ji. Mutum ne da ko katin gayyata ba ya yagawa sai ya yi kwafi."

Sufeto ya zauna yana juya biro. Kowa ya yi ƙarya, amma ba ƙaryar da ta kai shi ko'ina. Kofur ya raɗa masa, "Yallaɓai, mu tafi da tsohon kawai. Lauya ne ya kira mu, ɓarawo ai ba ya kiran 'yan sanda."

Haka dai ake cewa. Masu faɗin haka ba su taɓa zama da lauya ba.

Maganar Sakatariya ta dawo masa. Ya tashi ya ɗaga murfin injin kwafi. Ga shafi kwance a kan gilashi, fuska ƙasa: shafin ƙarshe na kwantiragin, sa hannu da shuɗin tawada.

"Baba, zo ka kunna mini injin nan."

Baba ya zagaya shi sau biyu. "Ta ina ake zuba masa ruwa?"

Sufeto ya juya ga Lauya.

"Ɓarawon nan ya fasa durowa, sannan ya tsaya ya yi kwafin abin da ya sata. Wane irin ɓarawo ne ba ya iya ɓatar da takarda sai ya ajiye kwafi?"

Lauya ya jawo kujera. Ya zauna.

"Ni na rubuta kwantiragin. Jiya na ga na manta sharaɗin da ke hana yaron tafiya. Kowa na iya ɗauke shi kyauta. In ta ɓata, sai a sa hannu a sabuwa, ba wanda zai san na yi kuskure."

"Baba fa?"

"Da ni zan tsaya masa a kotu."

Baba ya goge hannu a riga. "Allah ya tsare ni da lauyan da ya manta sharaɗi."

Kofur ya kama hannun Lauya. Sun kai bakin ƙofa ke nan Lauya ya waiwayo.

"Sufeto, bayanin da na ba ka da safe. A ba ni kwafi."