Ruwan da Iyatu Ta Sha

Shekarar da Gulbin Zamfara ya ƙafe, Magaji masunci yana komawa Gummi da almuru, ya rasa wa matarsa Iyatu magani. Tsakiyar yashi ya tarar da wata tsohuwa, zanenta na ɗiga, tana ƙarnin ɗanyen kifi. Ta miƙa masa wani gora.

"Amshi, ɗana," in ji ta, muryarta kamar daga cikin rijiya. "Ruwan ƙasan teku na. Wanda duk ya sha, ya bar kwanciya."

Sanyin goran har cikin ƙashi. Bai tambayi komai ba, me ya rage masa? Ya je ya ɗura wa Iyatu.

Ta tashi zaune, tabarma ta jiƙe sharkaf. Ta dube shi ba ƙiftawa.

"Sannu, ɗana," ta ce, da muryar nan ta rijiya.