Makirfon Da Bai Taɓa Lalacewa Ba

Kwalin na jefa a kan gadon Yaya, na tsaya a bakin ƙofa na ciro wayata. Ni da shi idan faɗa ya kai faɗa a rubuce nake nawa, ko da muna ɗaki ɗaya, domin idan raina ya ɓaci harshena ba ya ba ni haɗin kai.

"Ka ga abin da ƙaryarka ta jawo min?" na rubuta masa.

Ya karanta, sannan ya buɗe kwalin. Hedifon ne na sawa a kunne, sabo dal, baƙi, da ɗan makirfo a gefe. An manna takarda a jiki, da wani rubutu kamar tafiyar kaza: "Shiru, ga shi nan. Shekara guda ina jiran muryarki."

Yaya ya kwashe da dariya har da riƙe ciki.

"Kai! Wallahi Direba ya iya soyayya!"

"Ba abin dariya ba ne!!!" na rubuta.

"To ni na san zai sayo? Cewa kawai na yi makirfonki ya lalace..."

"Sau nawa ka faɗa?"

Ya sosa ƙeya. "Duk Asabar."

Makirfona bai taɓa lalacewa ba. I'ina gare ni. Kuma ba irin 'yar ƙaramar nan da ake cewa tana ƙara wa mace kyau ba. Tawa irin wadda kalma ke maƙalewa a maƙogwaro ce, ido ya rufe, haɓa ta yi ta rawa, mai sauraro ya rasa inda zai sa idonsa.

A gidanmu ban cika ƙarasa magana ba. Umma ce ke ƙarasa min, kuma don ƙauna take yi, na sani. Da na fara "Ina s... s..." za ta ce, "Ruwa take so, ku miƙo mata," ko da kuwa sabulu nake nema. Na sha ruwan da ban nema ba a gidan nan ba iyaka.

Akwai wani da ya taɓa zuwa wajena, mai kyau da shi, mai ƙamshin turare. Sau uku ya zo. Daga baya ya gaya wa abokin Yaya wai kafin in gama amsa gaisuwa an kira magariba. Maganar ta zagayo ta same ni. Ban yi kuka a gaban kowa ba, amma daga ranar na rufe bakina da kwaɗo.

Yatsuna kuwa ba su da i'ina. A shagon buga takardu nake aiki, daga safe zuwa azahar ina kan kibod, kuma ko mai shagon ba ya iya bin hannuna da ido.

Shi ya sa da 'yan wasan Yaya suka rasa cikon na huɗu ya jawo ni. Wasan kwamfuta ne na mutum huɗu-huɗu, a jefa ku tsibiri ku yi ta fafatawa da wasu har a bar ƙungiya ɗaya. Muna yi duk Asabar bayan la'asar. Yaya ne Kyaftin. Akwai Dogo, wanda ban taɓa gani ba amma na tabbata gajere ne. Sai Direba, mai tuƙa mana mota a wasan, wanda babu bishiyar da bai taɓa kara mana ba. Ni ce mai jinya, duk wanda ya faɗi ni ke tayar da shi.

Su ukun da baki suke magana. Ni kuwa a ɗan akwatin rubutu da ke ƙasan allo nake tawa. Da haka suka sa min suna Shiru.

Direba a wani gari yake, a kantin magani yake aiki, kuma Allah ya yi masa baki. Yana tuƙi yana ba da labarin tsohuwar da ta zo neman "ƙwayar nan fara mai zagaye", yana harbi yana waƙa, ya mutu ma bai fasa surutu ba. Amma shi kaɗai ke karanta akwatina. Yaya da Dogo sai na rubuta abu sau uku. Shi kuwa ko a tsakiyar ruwan harsashi zai ce, "Ku dakata, Shiru ta yi magana."

Ta yi magana. Haka yake cewa.

Daga wasa muka koma waya. Shi ya turo murya ta minti biyar, ni in mayar masa da rubutu. Ya taɓa tambaya ko zai kira, na ce ba na son kira, bai sake tayar da zancen ba. Ban san ranar da na fara son sa ba. Na dai wayi gari ina sauraron saƙonsa ɗaya sau huɗu a motar haya har na wuce inda zan sauka.

Yanzu ga hedifon. Da yamma kuma ga saƙon Direba.

"Ya iso?"

"Ya iso. Na gode."

"Asabar ke nan! Kuma akwai wata magana... Na gaya wa Kyaftin ina so in zo in gaida Abba wata mai zuwa. Amma sai kin yarda."

Na kifa wayar a kan katifa.

Yaya ya leƙo ɗakina. "Ƙanwata, ki rubuta masa gaskiya mana. Mene ne a ciki?"

Na rubuta, sau goma na rubuta, sau goma na goge. A rubuce "ina da i'ina" abu ne mai sauƙi. Zai ce ba komai. Kowa ba komai yake cewa kafin ya ji da kunnensa. Mai turaren nan ma haka ya ce.

Asabar ta zo, kuma ita ce ranar wasan ƙarshe na wata 'yar gasa da Yaya ya ɗora wa rai wata biyu. Na sa hedifon. Yaya ya saita min maɓallin magana a gefen linzamin kwamfuta, daidai ƙarƙashin babban yatsana na dama. Sai na danna za a ji ni.

"Assalamu alaikum jama'a!" Muryar Direba ta cika min kunne. "Shiru, kina ji na?"

"Ina ji," na rubuta.

Ya karanta. "To... madalla. Mu je."

Bai ƙara cewa komai a kai ba, kuma wannan ya fi min ciwo da a ce ya yi ƙorafi.

Wasa ya yi mana kyau. Direba sau ɗaya kawai ya kara mana bishiya. Muka kai har ƙungiya biyu suka rage, mu da wasu. An fitar da Dogo, yana kallo yana ba da shawarar da ba mai bi. Sai aka harbo Yaya ya faɗi a bayan wani kango.

"Shiru, tayar da ni! Maza!"

Na ruga na durƙusa a kansa. Tayar da mutum sai ka danne maɓalli ɗaya da hannun hagu har daƙiƙa goma. Ka saki, ko ka buɗe akwatin rubutu, aikin ya ɓaci sai ka sake daga farko. Direba yana gabanmu yana tsare mana ƙofar kangon.

A daƙiƙa ta uku na hango shi. Mutum ɗaya, yana rarrafowa ta cikin ciyawa a bayan Direba. Yaya yana kwance bai gani ba. Dogo allon Direba yake kallo. Ni kaɗai na gani, kuma hannuna na rubutu a ɗaure yake.

Ban yi shawara da kowa ba, har da kaina. Babban yatsana ya danna.

"B... b... b..."

Kalmar ta tsaya cak. Idona ya rufe, haɓata ta fara rawa.

"B-b-ba... b..."

Na ji ƙarar harbi. Direba ya faɗi. Kafin in buɗe ido an gama da ni da Yaya. Allo ya yi ja, aka rubuta mun zo na biyu.

Daga ɗakin Yaya ma ban ji motsin kujera ba. Yatsana yana kan maɓallin har yanzu, duk suna jin numfashina. Na kai hannu zan cire hedifon in kashe kwamfutar, in kashe wayar ma gaba ɗaya.

Dogo ya yi gyaran murya. "Ina ga so take ta ce ba..."

"Dogo, yi shiru," in ji Direba. "Ba da kai take ba."

Sannan ya sassauta murya. "Da ni kike. Ƙarasa, ina ji."

Hawaye ya zubo min. An riga an cinye mu, maganar ba ta da sauran amfani. Amma mutumin nan da bakinsa ba ya hutawa ya yi tsit. Bai ce "sannu" ba, bai ce "yi a hankali" ba, bai ba ni kalmar ba. Jira kawai yake.

"B... b... ba... bayanka!"

"Na gode," ya ce. "Na gan shi yanzu. Ga shi nan yana rawa a kan gawata."

Dariya ta ƙwace min a cikin kuka. Yaya ya ce, "Dogo, zo mu fita, akwai maganar da zan gaya maka." Sunayensu suka ɓace daga allo, saura ni da shi.

Nan da nan na koma gidana, akwatin rubutu. "Ka yi haƙuri," na rubuta. "Na ja mana..."

"Na rufe akwatin rubutu, ba na ganin komai," ya ce. "Yau kaɗai. Gobe ki koma rubutunki in kin fi so, wallahi ina son sa. Amma yau ki bar ni in more hedifon da na saya."

Na share fuska. "K... ka ji dai."

"Na ji. Hankalina ma ya kwanta. Na fara zargin Kyaftin ne ke rubuto min kalaman nan da hannu ɗaya."

"Allah ya k... k... kiyaye!"

"Amin!" Ya yi dariya, sannan ya nutsu. "Amma raina ya ɓaci da abu ɗaya, masoyiya. Shekara guda kina yanke min hukunci ba ki tambaye ni ba. Kin zaci zan gudu?"

"An t... taɓa gudu."

"Shi ya sani. Ni na yi shekara ina jiran kalma ɗaya, minti ɗaya ne zai gagare ni?"

Mun yi kusan awa guda. Rabin lokacin ni ce ke kokawa da haruffa, kuma ko sau ɗaya bai tare ni ba. Na san yadda abin ke cin sa, don ina jin yana ƙwanƙwasa biro a tebur. Da zan sauka daga wasan na ce ya zo.

Ya zo ranar da ya faɗa, da riga mai guga da gumi a goshi. Ya gaida Abba, ya sha ruwa, ya ba Umma labari har ta manta da tukunya a wuta. Bayan Yaya ya raka shi tasha ya dawo, Abba ya kira ni falo. Ya cire tabarau ya ajiye a hannun kujera.

"Uwata, yaron nan na ga yana da hankali, ko da yake bakinsa ya yi yawa. Amma ba ni zan zauna da shi ba. Me kika ce?"

Na sunkuyar da kai. "Abba, ina... ina s... s..."

"Ai kunya take ji, Alhaji," Umma ta karɓe. "So take ta ce duk abin da ka..."

"Umma," Yaya ya ce a hankali daga bakin ƙofa. "Don Allah bari ta ƙarasa."

Umma ta juya ta dube shi, sannan ta dube ni. Na ga bakinta ya buɗe, kalmar tana kan leɓenta. Sai ta sa gefen mayafinta ta toshe bakin da hannu biyu.

Falon ya yi tsit, sai ƙarar fanka. Idona ya rufe, haɓata ta yi rawarta. Ba wanda ya miƙo min ruwa.

"Ina s... s... son sa, Abba."

Abba ya gyaɗa kai ya mayar da tabaransa. "To, Allah ya sa albarka."

Umma ta sauke mayafin, idonta jawur.

"'Yar nan," ta ce, "ashe duk shekarun nan da na ƙara haƙuri kaɗan..."

Ba ta iya ƙarasawa ba. Na san sauran maganar sarai, amma ban ƙarasa mata ba. Na matsa kusa da ita na riƙe hannunta, na jira.