Tef ɗin Felicia

Ranar Talata da safe Quintus Salgado ya buɗe kabad ɗin mahaifiyarsa ya tarar tef ɗin ba ya nan. Makulli na wuyansa, a igiya ɗaya da gicciyensa, kuma ba a taɓa ƙofar ba. Kwalin na nan inda ya ajiye shi, tsakanin zannuwan gado, amma wayam.

Kafin ƙarfe goma Sufeto Aponsu na caji ofis ɗin Moratuwa ya iso a kan keke. Mutum ne da ba ya son kiɗa, kuma a shekarar 1972 wannan ba ƙaramar azaba ba ce a garin. Duk shagon shayin da ka shiga, duk rumfar kafintan da ka wuce, waƙa ɗaya ce ke tashi: "Jirgin Lunawa" ta ƙungiyar Los Faroles. Sati shida ke nan ita ce ta ɗaya a jerin da gidan rediyo ke karantawa kowace Asabar, bisa yawan katin da masu sauraro suka aiko ta gidan waya.

Los Faroles mutum huɗu ne da, yanzu uku. Sun koyi kiɗan Cuba daga faya-fayan da ma'aikatan jirgin ruwa ke sayarwa a tashar Colombo, suka ɗora masa baitoci da yarensu na Sinhala, suka sayi faffaɗan huluna da barguna masu ratsi da suke yafawa a zafin da ke narkar da kwalta. Babu wanda ya san ma'anar sunan ƙungiyar a cikinsu. Quintus ke da jita da shugabanci. Loyola Dabarera ke busa ƙaho. Titus Cooray ke kaɗa dogayen gangunan da ya sassaƙa da hannunsa. Mai rera waƙar kuwa Felicia ce, ƙanwar Quintus, matar Titus. Zazzaɓi ya ɗauke ta kwana goma kafin rediyo ya fara sa waƙar. Da labarin ya bazu, kati ya riƙa zuwa buhu-buhu. Mutanen da ba su je jana'izarta ba duk sun sami kuɗin kan sarki.

Quintus ya yi wa Sufeto bayani yana share gumi. Faifai ɗari biyar na farko sun ƙare. Ranar Juma'a wakilin kamfani zai zo karɓar tef ɗin asali, a kai waƙar Singapore a buga dubu biyar. In babu tef, babu faifai, kuma babu wata Felicia da za ta sake rerawa.

Sufeto ya tambaye shi yaushe ya ga tef ɗin na ƙarshe. Ya ce ranar Asabar da rana.

"Wa ke da makulli bayan kai?"

"Babu, yallaɓai."

"To kai ne ka sayar wa wani kamfanin, ka zo kana ɓata min taya."

Quintus ya rantse da kabarin ƙanwarsa. Sufeto bai rubuta rantsuwar ba, ya ji irinta da yawa. Abin da ya rubuta shi ne bayanin tsohuwa Emalin, mahaifiyar Quintus, wadda gadonta ke fuskantar kabad ɗin. Ta ce ƙafa ta hana ta fita, gidan ba ya zama babu kowa sai safiyar Lahadi, lokacin da ɗanta ke kai ta coci a motar haya. Makullin ƙofar baya kuma a ƙarƙashin turmi ake barinsa, ƴan gida kawai suka sani. Ranar Lahadin nan Quintus na gefenta tun daga waƙar farko har aka tashi.

Da aka tambayi Quintus wa yake zargi, bai yi jinkiri ba. Loyola. Tun da waƙar ta yi suna yake cewa shi ya ƙirƙiri karin, kuma sunan Quintus kaɗai aka buga a faifai.

Loyola mai sayar da tikiti ne a tashar jirgin ƙasa ta Lunawa. Sufeto ya same shi a bayan tagar, yana cin shinkafa da miyar kifi a ganyen ayaba. Bai musa komai ba. Ya ce karin nasa ne, Quintus kuma ɓarawo ne mai kyan hula, amma littafin aiki na nan: ranar Lahadi yana kan wannan kujera daga shida na safe zuwa azahar. Shugaban tasha ya tabbatar.

"In da ni na ɗauka, yallaɓai, da na kai wa lauya, ba ɓoyewa zan yi ba," in ji Loyola. "Kuma kamfanin nan su ne ya kamata ka kama. Ka san abin da ke cikin tef ɗin?"

Sufeto ya ce waƙa.

Loyola ya ture ganyen gefe. Ya ce rana ɗaya suka yi hayar ɗakin ɗaukar murya, kuma sau tara suka yi waƙar kafin ta fita. Ta taran ce duniya ke ji. Takwas na farko duk suna nan a farkon tef ɗin: Felicia tana ɓata baiti tana dariya, tana neman ruwa, tana zagin Titus cewa yana gudu da ganga kamar mai tseren kama bas, shi kuma yana ba ta amsa. Kusan rabin awa. To yanzu gwamnati ta hana shigo da tef, kowane taku nasa zinariya ne. Kamfani zai yanke ta taran ya kai Singapore, sauran a goge a ɗauki tallan sabulu a kai. Quintus ya faɗa musu haka ranar Alhamis wajen gwaji, yana gyara zaren jita, ko kai bai ɗaga ba.

"Titus na wurin?"

"Yana wurin. Bai ce komai ba. Wata uku ke nan ba ya cewa komai."

Sufeto ya koma gidan Salgado, ya sa aka janyo kabad ɗin daga bango. Tsohon aiki ne na itacen jak, allon bayansa ɗaure da sukuru goma sha biyu. Ya kwance ɗaya da wuƙarsa, ya fito sumul. Ya shinshina. Sabulu. Yana durƙushe ya dafa kabad ɗin zai miƙe, sai tsohuwa Emalin ta ce daga kan gado, abin mamaki, bai yi rawa ba. Ta ce tun ranar aurenta kabad ɗin nan ke ɗingishi, da jarida naɗaɗɗiya ake tokare shi, ɗanta kuwa ko ƙusa aka ba shi yatsansa zai buga. Sufeto ya leƙa ƙasa. Babu jarida. An yanko ɗan itace daidai da guntuwar ƙafar, an manna, an goge bakinsa.

Rumfar kafintancin Titus na bayan coci. Sufeto ya je tare da Quintus da la'asar, suka same shi yana goge ƙafar kujera. Ya miƙe, ya kakkaɓe musu benci. A kusurwa akwai manyan akwatunan lasifika guda biyu na ƙungiyar, aikinsa ne su ma. A kan ɗaya akwai kofin shayi da guduma da tsumma. Ɗayan an shimfiɗa masa farin ƙyalle, ba a ɗora komai ba.

Sufeto ya zauna ya jera masa abin da ya gani. Ya ce da gama-garin ɓarawo ne, da ya fasa ƙofar kabad da ƙarfe ya wuce. Wannan kuwa ya kwance baya don kada ya ji wa itace ciwo, ya shafa wa sukuru sabulu kafin ya mayar kamar yadda ake koya wa kowane kafinta, sannan ya kasa fita ya bar kabad na ɗingishi. Kafintoci sun kai rabin Moratuwa, gaskiya ne. Amma wanda ya san turmi, kuma ba ya coci ranar Lahadi tun da aka binne matarsa, kuma ya ji abin da aka faɗa ranar Alhamis, mutum ɗaya ne.

Titus ya saurara har ƙarshe.

"Ƙafar ce ta ɗauke ni lokaci," ya ce. "Felicia ta sha yi min maganarta, ban samu na zo ba."

Ya ɗauko sukudireba, ya cire farin ƙyallen ya ninke, ya kwance bayan akwatin. Tef ɗin na ciki, a tsaye, jingine da baƙin ƙarfen da ke bayan lasifika. Ya ce nan ne wurin da ya fi bushewa a rumfar, ruwan sama ba ya kai wa.

Quintus ya leƙa, ya ja da baya.

"Machan," ya ce a hankali, sunan da yake kiran surukin nasa, "tun Lahadi yake jikin maganaɗisun nan?"

Titus ya dube shi bai gane ba. Ya san halin kowane itace a ƙasar, amma babu wanda ya taɓa gaya masa abin da maganaɗisu ke yi wa tef. Sufeto ya tambaye shi ko ya saurari abin da ya sata. Ya ce ba shi da na'ura. Ɗauko shi kawai yake yi ya riƙe.

Limamin cocin ya ba su aron na'urar sauraron tef. Suka zauna a ɗakin taro su uku, Quintus ya zura tef ɗin. Gefen waje shi ne farkon naɗi, kuma shi ya taɓa ƙarfen. Sai shuuu, kamar ruwa a kan kwano. Can wani abu ya taso, rabin dariya ko tari, ya nutse. Shuuu. Wata gaɓa ɗaya ta kalma. Titus ya matso da kunnensa har ya kusa taɓa na'urar. Haka suka zauna kusan rabin awa, babu wanda ya kai hannu ya kashe.

Sannan hayaniyar ta yi sanyi, ta ɗauke. Ganga ta shigo, ƙaho ya biyo, muryar Felicia ta tashi tas. Ta taran na can ciki kusa da tsakiya, maganaɗisu bai kai gare ta ba. Kamfani zai sami abinsa ranar Juma'a.

Quintus ya ce ya janye ƙara, fuskarsa a cikin tafin hannu. Sufeto ya rufe littafinsa. Titus ya miƙe tun ba a gama baitin farko ba, ya mayar da kujerarsa inda ya ɗauko ta.

"Zauna mana ka ji ta," in ji Quintus.

"Wannan kowa na da ita," in ji Titus, ya fita.