Hannun da Ya Je Kunne

Takardar kotu, gurasar roti biyu a leda, laima mai karyayyen ƙarfe. Kayan Sunaina ke nan a motar zuwa garin Banda, tana zaune kusa da Sufeto Kushwaha.

Ta ci jarrabawar aikin malanta. Gurbi uku aka ware wa 'yan Dalit irinta, jinsin da ake ƙyama a Indiya, ta zo ta huɗu. Sai aka kama wani akawu yana sayar da takardun bogi na shaidar asalin Dalit. Ya ce ɗaya cikin ukun nan ya saya, ta hannun dillali, bai san wanne ba. Ita kuwa bana shekarunta za su wuce ƙa'idar ɗaukar aiki.

A caji ofis Sufeto ya kira ukun ɗaya bayan ɗaya.

Bhola ne na farko.

"Ina kuke ƙona gawarku?"

"Bayan juji, Yallaɓai. Bakin kogi na manya ne. Ai ka san babana, shi ke share muku bayi."

Ya sallame shi.

Mahendra ya sha shayin da aka ba shi. Ba wanda ya ce masa komai, ya fita ya wanke kofin, ya kife shi nesa da sauran, yadda 'yan Dalit suka saba. Shi ma aka sallame shi.

Umesh ya amsa komai, har sunan kakan kakansa. Sufeto ya yi ta ƙara masa shayi.

"Yallaɓai, zan kama ruwa."

"Mu je, ni ma."

A bakin bayi hannun Umesh ya shiga wuyan rigarsa ya laluba, ya hau kunnen dama. Babu komai a hannun.

"Pandit-ji, ina zaren?" in ji Sufeto, yana kiran sa da laƙabin 'yan Brahmin, jinsin da ke sama da kowa.

Umesh ya sauke hannun.

"Zaren tsarki ɗan Brahmin ke ratayawa, kuma ba ya shiga bayi sai ya naɗe shi a kunne. Ka tsinke zaren, ka manta da hannun. Ɗan Dalit ba a taɓa rataya masa ba."

"Na fi su maki, dukansu!" in ji Umesh. "Ni ina zan je?"

"Layinku daban. Can ka faɗi."

Kafin azahar lauyan gidan su Umesh ya iso da wata takarda. Kotu ta dakatar da ɗaukar kowa sai an gama shari'a.

Sufeto ya raka Sunaina tasha.

"Ka kama shi. Yaushe zan fara aiki?"

"Ba hannuna ba ne, ƙanwata. Na alƙali ne."

"Bana?"

"Akwai shari'a irin wannan da na tarar tun ina kurtu."

Ta hau mota, ta ja ƙofa ta rufe. Ta taga ta ce, "Kada ka sake aiko mini. Gobe zan koma wurin gasa bulo."