Sunan 'Yar Fari

Kukanta ta ji yana fitowa daga wayar wata.

Mashkura ta tsaya cak a tsakiyar kasuwar Illo, ƙwaryar nono a kanta. A rumfar masu atamfa wasu mata sun haɗa kai a kan waya, sun ƙure mata murya.

"Ita ta, wallahi. Likitar ruga. Dubi yadda ta fito ɗakin jarrabawa ba ko takalmi."

"Boko ya taɓa ta."

"Boko ko iska? Wagga ai sai an tsallaka iyaka da ita wajen mai cire iska."

Hannunta ya ɗauki rawa. Ƙirjinta ya shiga dukan nan da ta sani. Nono ya fara zubo mata a kafaɗa, ta kasa gaba ta kasa baya.

Sai ta ji an sauke ƙwaryar daga kanta.

"Kawo, sanyin idona. Na riƙe."

Zainulabideen ne, wanda aka sa musu rana da shi, mai gyaran injinan ban-ruwa a fadamun shinkafa, hannunsa duk baƙin mai. Ya juya wajen rumfar, bai ɗaga murya ba.

"Hajiya, in kin gama kallo ki goge. Ke ma kina da ɗiya a makaranta."

Matar ta tura wayar cikin zani. Ya sa Mashkura a gaba har bakin wata bishiyar mangwaro a bayan kasuwa, ya shimfiɗa mata buhu.

"Lafiya lau nake, Yaya Zainu."

"Ban tambaye ki ba."

"Na ce dai..."

"Na daina tambayarki lafiya, Mashkura. Ko wuta ke cin ki, lafiya lau za ki ce. Zauna ki yi numfashi, ni ba inda za ni."

Ta zauna. Sai da rawar ta lafa ta ce, "Mansura ce ta ɗauki bidiyon, 'yar ajinmu. Ina ganinta."

"Na sani. Ɗiyar gwaggona ce, na san halinta."

"Dama ita danginka suka so ka aura."

"Su suka so. Ni fa?"

Ta sunkuyar da kai, murmushi ya so ya zo bai ƙarasa ba.

To, ga yadda abin ya faro. Mashkura ce mace ta farko a rugarsu, can gefen Illo, da ta tafi babbar makarantar koyon jinya a Birnin Kebbi. Tun ranar da ta hau mota ba wanda ya sake kiranta sai da Likita. In ta zo hutu, mai ciwon ido da mai ciwon baya duk a ƙofar ɗakinta. Kowa ya ɗora mata burinsa a ka, ba wanda ya ce da ita ko da nauyi.

A makaranta kuwa karatu ya yi mata rubdugu. Safe aji, rana asibiti, yamma gwaji. Ta faɗi darasi ɗaya, ta ɓoye. Ta koma cin goro da shan baƙin shayi don kada ta yi barci, har barcin ya yi fushi ya daina zuwa ko ta neme shi. Abinci ya fita kanta. Ta karanta shafi ta maimaita, ta rufe littafi ta ga ba abin da ya zauna. Ranar babbar jarrabawa ta dubi takarda ta ga baƙaƙen suna yawo, numfashi ya ƙi fita, ta tashi ta fice tana kuka.

Likitar makaranta ta zaunar da ita ta ce ciwon damuwa ne, yana kama ɗalibai da yawa, kuma yana jin magani. Ta ba ta ƙwayoyi, ta ce ta huta zango ɗaya, ta riƙa dawowa suna magana. Sannan ta ce, "A gida wa kike faɗa wa abin da ke ranki?"



A da Mashkura tana da wadda take faɗa wa. Kakarta ce ta raine ta, ita take kwanta wa a cinya ta faɗi komai. Kakar ta rasu tana aji biyu. Mahaifinta, Baffa, ya tsallaka da shanu ƙasar Benin, wadda tsofaffi ke ce wa Dahome, sai damina ya dawo. Saura mahaifiyarta, Inna Barira. Ita kuwa Mashkura 'yar fari ce, kuma kowa ya san yadda uwa take da 'yar fari a ruga: ba ta kama sunanta, ba ta zama hira da ita, ba ta nuna ta damu da ita a gaban mutane. Tunda aka haife ta ba ta taɓa jin sunanta a bakin Inna ba. Sai dai "ke", ko "waccan", ko "mutuniyar tsohuwa". Ba ƙi ba ne, kunya ce, kuma Inna Barira mace ce da ake kawo misali da kunyarta har garin Zagga.

Saboda haka fura mai kyau takan bayyana a ƙofar ɗakin Mashkura ba a san mai ajiyewa ba. Maganar dai babu.

Washegarin abin kasuwa, da hantsi, tana kwance ta ji sallamar namiji a bayan zana. Muryar Zainu ce, kuma ba ita yake nema ba.

"Inna, ki gafarce ni. Na san ba tsarina ba ne in tsaya gabanki."

Ai kuwa ba tsarinsa ba ne. Mai neman aure da uwar yarinya, ko a hanya suka haɗu ɗaya kan ratse daji. Mashkura ta leƙa ta ɓular asabari. Ya cire takalmi, ya durƙusa a rana, kansa a ƙasa. Inna ta juya wa zanan baya, ta ja mayafi ta rufe fuska, muciya a hannu.

"Gwaggo Rabi'atu za ta zo gobe karɓar akwatin lefe. Na hana, ba a ji ba. Ni ko an kwashe har tsinke, Mashkura nake so, zan jira ta gama karatunta ko shekara nawa ne."

Inna ta ci gaba da tuƙin tuwo.

"Na raka ta wajen likita, na ji da kunnena. Ba iska ba ne, Inna. Gajiya ce ta zuciya. Magani yana aiki. Amma likita ta ce tana buƙatar wanda za ta faɗa wa a gida... Ni ina ji mata, amma ni ba uwa ba ne."

Sai ƙarar muciya a tukunya, a hankali.

"Shi ke nan abin da ya kawo ni. In na yi rashin kunya, a yafe mini."

Ya tashi ya tafi da baya da baya. Mashkura ta koma ta kifa fuska a matashi. Mutumin da ko sunan Inna ba ya iya faɗa, yau ya zubar da kunyarsa a rana saboda ita.

Inna ba ta shigo ba. Fura dai ta bayyana a ƙofa kamar kullum.

Gwaggo Rabi'atu ta iso da safe a kan babur ɗin haya, 'yarta Mansura na biye. Matan ruga suka taru kamar an yi shela. Aka shimfiɗa tabarma, aka kawo nono, Gwaggo ta ture shi gefe.

"Barira, ba zama ya kawo ni ba. Mu mutanen mutunci ne, ku ma haka. Amma abin da duniya ta gani a waya, ba a ɓoye shi. Ba mu kai mai taɓin hankali ɗakin ɗanmu. Ku tsallaka da ita Dahome, akwai mai cire iska can. In ta warke, Allah Ya ba ta wani. A fito mana da akwatinmu."

Inna ta dubi ƙasa. Uwa ba ta kare 'yar fari a taro. In za a yi, sai dai wata gwaggo ta yi, kuma ba wadda ta motsa.

Sai asabari ya ɗaga.

Mashkura ta fito da kanta, ta durƙusa ta gaishe su ɗaya bayan ɗaya.

"Gwaggo, akwati naku ne, ba zan riƙe ba. Amma kada a tafi da ƙarya. Ba ni da iska. Ciwon damuwa ne ya kama ni, yana da suna, yana da magani, ina sha. Na ɗauki abin da ya fi ƙarfina na yi shiru, don an koya mini shiru. Na faɗi jarrabawa. Zan koma in sake, in Allah Ya so..."

Idanu sun yi mata yawa. Rawar ta dawo hannunta, numfashi ya fara sarƙewa. Ta ga Mansura ta ɗago waya a hankali ta saita ta.

"Kun gani ko?" in ji Gwaggo. "Ga shi nan ya motsa."

"Mashkura."

Ba da ƙarfi aka faɗa ba. Amma tsakar gidan ta yi tsit, har wata tsohuwa ta dafe baki.

Inna Barira ce.

Ta miƙe, ta taka a gaban kowa, ta zauna a ƙasa kusa da 'yarta, ta kama hannuwan nan masu rawa ta haɗa cikin nata.

"Mashkura. Dube ni. Ni ce."

"Inna..."

"Kwanta nan." Ta jawo kanta ta ɗora a cinya, yadda kakarta kan ɗora shi. "Yi kukanki. Wanda zai kalla ya kalla."

Mashkura ta yi kuka irin wanda ba ta yi ba tun rasuwar kakarta. Inna na shafa kanta, ta ɗago ta dubi baƙuwar.

"Rabi'atu, wagga ɗiyata ce ta fari. Ina jin juyinta a shimfiɗa, ina ganin tuwonta na dawowa, kunya ta ɗaure mini baki. Ɗanku ne ya zo ya durƙusa a rana ya kwance shi. Ita ba ta gudu ba, ta fito gabanku ta faɗi ciwonta da bakinta. Cikinmu nan wa ta taɓa iya haka? In akwati kuke so, ga ɗaki can. Ɗiyata ba inda za a tsallaka da ita. Makaranta za ta koma."



Mashkura ta ɗago ido ta ga hannun Mansura ya sauka. Wayar na rataye a yatsunta, idonta ya cika taf, kuma ba Mashkura take kallo ba. Uwarta take kallo. Ita ma 'yar fari ce. Mashkura ta sha jin kukanta a ɗakin kwanan ɗalibai, ta san darussan da ita ma ta faɗi. Da ta so, kalma ɗaya ta isa. Ta haɗiye abinta.

Gwaggo Rabi'atu ta dubi 'yarta, ta kawar da kai da sauri. Ta daɗe tana gyara bakin mayafi.

"Ke," ta ce, "goge abin nan."

Ta jawo ƙwaryar nonon da ta ture, ta kafa kai ta sha.

"Akwatin ya yi nauyi a babur," ta ce tana miƙewa. "A bar shi nan."

Da la'asar Zainu ya zo zance, ya tsaya nesa da gida kamar yadda ya saba, kunyarsa ta dawo har da ƙari.

"An ce yau an yi abin da ba a taɓa yi ba a rugar nan."

"Kai ka jawo."

"Ni? Ni gyaran inji na sani."

"Yaya Zainu..."

"Na'am, hasken idona."

"Ashe haka sunana yake da daɗi."

Ya yi dariya har ya dafa babur. "Ni da nake kiransa safe da yamma fa?"

"Naka daban. Kada ka yi kishi."

Ba a rana ɗaya ta warke ba, kada wani ya ce muku haka ake warkewa. Akwai ranakun da ta tashi garau, akwai waɗanda ko fita ɗaki sai Inna ta zauna bakin gado tana ja mata hira. Ta ci gaba da shan magani, Zainu na kai ta Bagudo ta hau motar Birnin Kebbi ganin likita. A wata tafiyar Mansura ta same ta a tasha, ta yi ta murza gefen hijabi kafin ta ce, "Likitar nan... wace rana take ganin mutane?"

"Zo mu tafi tare," in ji Mashkura.

Da zango ya zagayo ta koma aji. Ta zauna jarrabawar da ta gudu daga cikinta, hannunta ya yi rawa, ta ajiye biro ta yi numfashi yadda aka koya mata, ta ɗauka ta ci gaba. Ta ci. Bayan girbin shinkafar rani, Baffa ya dawo da shanu, aka ɗaura aure. Gwaggo Rabi'atu ce ta riƙe hannun amarya har ɗakinta a Illo.

Inna kuwa ta sa an saya mata ƙaramar waya, an nuna mata inda ake dannawa. Ranar wata Juma'a, ana saura kwanaki Mashkura ta shiga jarrabawar ƙarshe, wayar ta yi ƙara tana tsakiyar littattafai. Zainu ya duba, ya miƙa mata da hannu biyu kamar surukar tasa na ganinsa.

"Mashkura."

"Na'am, Inna."

"Kin yi barci?"

Lafiya lau ta zo mata har bakin leɓe. Ta dubi Zainu, ya ɗaga mata gira.

"Jiya ban yi ba, Inna. Tsoro nake ji."

"To," in ji Inna. Aka ji ta jawo kujera ta zauna. "Rufe littafin. Faɗa mini."